Shaidu Biyu Domin Sunan Apa Gulnar

Ranar Talata, sha huɗu ga Janairun 2025, ana shirin sallar azahar, 'yarki Ambrin, wadda ke ce miki Ammi, ni kuma Khala, wato ƙanwar uwa, ta kira ni a waya ta ce, "Khala Kishwar, Ammi ta tafi." Ban tambaye ta ina ba. Dukkanmu na Allah ne, wurinsa kuma za mu tattara mu koma, ke dai kin riga mu ne. Kin cika a gidanki na Samanabad, nan Lahore, kina da shekara tamanin da huɗu a duniya, kuma kafin rana ta faɗi maza sun ɗauke ki zuwa maƙabartar Miani Sahib.

Apa Gulnar Khwaja, babbar yayarmu, duk wanda ya shigo gaisuwa maganarsa ɗaya ce: kin yi haƙuri, kin yi kawaici, ba a taɓa jin kanki da kowa ba. Gaskiya suka faɗa. Amma ni ban ɗauki alƙalami don in yabi haƙurinki ba, domin haƙurin nan ne ya sa kika shiga kabari sunanki ba ya cikin littafin da ya kamata a ce da shi aka buɗe shi. Ina nufin Kundin Talabijin, ƙaton littafin nan mai koren bango, wanda ɗalibai da 'yan jarida suke buɗewa duk sa'ad da suke son sanin wa ya yi me a zamaninmu. A shafin shirin Soron Maƙwabta an rubuta cewa Tajammul Warraich ne ya ƙirƙira shi, shi ya ba da umarni. Idan mutum ya juya bango ya duba wanda ya tattara kundin, sai ya sake cin karo da Tajammul Warraich. Ni kuwa na san wadda ta ƙirƙiri Soron Maƙwabta, domin a gabanta na tsaya ranar farko.

Ina 'yar shekara goma sha bakwai kika gan ni a wasan makaranta, kika ce kina so na. Mahaifina ya ce ko kusa, 'yarsa ba za ta shiga akwatin talabijin kowa yana kallonta ba. Ba ki aika kowa ba. Da ƙafarki kika zo gidanmu a Ƙofar Mochi, kika hau matakalar nan tamu mai duhu, kika zauna gaban tsohon kina shan shayinsa mai zaƙi kamar ba ki da wani aiki a duniya. Ba ki yi masa wa'azi a kan ci gaba ba. Cewa kika yi, "Abba ji, ni zan ɗauke ta, ni zan dawo da ita har bakin ƙofar nan. Ranar da ka ga wani ya kawo ta ba ni ba, ka rufe ƙofa." Haka kuwa aka yi shekara da shekaru, a keken doki da farko, daga baya a tsohuwar motarki da sai an tura take tashi. Ba ni kaɗai ba, duk 'yan matan shirin sai kin sauke kowace a gidansu kafin ki nufi naki.

Yaran yanzu ba za su gane irin aikin ba. Ba a ɗaukar komai a ajiye. Abin da aka yi a ɗakin shiri a take yake fita, Lahore ta gani, ya bi iska, shi ke nan. A saman kowace kyamara akwai 'yar jan fitila. Idan ta kama, duniya na kallonka, sai ka ɗaure harshenka ka faɗi abin da aka rubuta maka kaɗai. Idan ta mutu, ka saki jiki. Zagi da gulma da gaskiya duk sai fitila ta mutu ake yin su. Wannan abu ya shiga jininmu har ya zama ɗabi'a. Har yau, da tsufana, idan zan faɗi wata magana mai nauyi sai na ji idona ya zagaya ɗaki yana neman ja.

Soron Maƙwabta daga kanki ya fito. Kin ce matan tsohon gari ba a falo suke rayuwa ba, a saman soro suke yi, wurin shanya da tsintar shinkafa da leƙen gidan wasu, can ake ƙulla aure can ake warware shi. Kika sa kafinta ya gina soraye biyu da katanga a tsakani, kika rubuta wasan da hannunki a kan teburin girkinki, takardun na zuwa mana da tabon man burodin paratha. Ranar da shirin ke fita, titinmu yakan yi tsit, har mai sayar da nonon lassi yana rufe shago ya je gidan da ke da akwati.

Ba na manta ranar tattabaru. Kin dage cewa soron Lahore ba ya cika ba tattabaru, kika sa aka aro keji guda daga wani mai kiwo. Ana tsakiyar shiri, fitila na ci, ƙofar keji ta buɗe, tsuntsaye suka watsu suka nufi fitilun sama, gashi na zubo mana a ka. Ni maganata ta gudu daga kaina ƙaf. Sai ga ki kin rarrafo ta ƙarƙashin kyamarar Ustad Barkat Masih, mayafinki na jan ƙasa, kina raɗa mini, "Zagi maƙwabciya, ce mata tattabarun ɗanta sun ɓata miki shanya." Na buɗe baki na zage ta tas, ita ma ta rama, muka ci gaba kamar da can haka aka tsara. Washegari gari ya ɗauka cewa ba a taɓa yin wasa mai rai irin wannan ba. Tajammul, wanda aikinsa riƙe miki takardu ne da duba agogo, a bayan allon katanga muka same shi ya duƙa, ya rufe kansa da fayil. A cikin kundi ya rubuta cewa sakin tattabarun dabararsa ce.

Yadda sunansa ya hau shirin kuwa, a gabana aka yi. A ƙarshen kowane shiri akan ɗaga kwalaye gaban kyamara, waɗanda mai rubutun hannu ya zana sunayen ma'aikata a kai da alƙalamin kara. Surukinki, Khwaja Sahib, babban ɗan kasuwar yadi, ya yarda ki yi aiki amma da sharaɗi guda: sunan matar gidansa ba zai bayyana a shagon kowane mai shayi ba. Kika karɓa, domin aikin kike so ba kwali ba. Da mai rubutu ya tambaya sunan wa zai sa a gurbin mai ba da umarni, kika waiwaya, idonki ya faɗa kan yaron da ke riƙe da takardunki, kika ce a sa nasa. Tajammul ya dafa ƙirji ya ce, "Apa, aro ne. Ranar da kika ce in mayar, a ranar zan mayar." Ni na ji, Ustad Barkat ya ji, mai rubutun ya ji.

Da wannan aron ya hau. Da shi ya zama babba a gidan talabijin, da shi ya je taruka ƙasashen waje, da shi aka rataya masa fure a wuya. Da ya yi ritaya sai ya zauna tattara tarihi, tunda babu faifai babu hoto, sai abin da tsofaffi suka tuna da abin da kwalaye suka nuna. Ba zan hana shi nasa ba, ya yi wahala, ya bi gidaje, ya tono sunayen masu fitila da masu kwalliya da ba wanda ya ƙara tunawa da su. Suna ɗaya ne kawai bai iya tonowa ba, wanda yake zaune a kai.

Bayan Khwaja Sahib ya rasu, maigidanki ma ya bi shi, ba sauran wanda sunanki zai kunyata, na matsa miki muka je wurinsa. Ya tarbe mu da fara'a, ya sa aka kawo shayi da biskit, ya kira ki uwarsa a sana'a. Da kika ce lokacin mayar da aro ya yi, sai ya jawo kundin ya buɗe gabatarwa, ya ɗora yatsa a kan ƙa'idar da shi da kansa ya rubuta: ba a canza komai a littafin sai da shaidu biyu masu rai waɗanda suka yi aiki a shirin, ban da mai da'awar.

Na ce, "To ga ni ɗaya. Kai ne na biyu."

Ya yi murmushi ya ce, "Kishwar Bibi, tsufa ya cinye mini kai, ban iya rantsuwa a kan abin da ya wuce shekara hamsin. Ku kawo Barkat."

Mai rubutun kwalaye da sauran 'yan shirin duk ƙasa ta riga ta rufe su. Ya san Ustad Barkat na kwance a unguwar Youhanabad, huhu ya ƙi. Muka ce a je a ɗauki shaidarsa a gida, ya ce sai kwamiti ya zauna. Kwamiti zai zauna bayan azumi. Bayan azumi aka ce bayan babbar salla. Bayan salla aka ce ana zafi, mambobi sun tafi Murree shan iska. Kafin su sauko daga duwatsu Barkat ya mutu. A cocin da aka yi masa addu'a ba wanda ya kai Tajammul kuka, har sai da 'ya'yan mamacin suka koma ba shi haƙuri. Muna fitowa ya matso kusa da ke, yana share hanci, ya ce, "Saura ɗaya ke nan, Apa. Ƙa'ida kuma ba ni da iko da ita."

A mota kika ce mini, "Kishwar, bar shi, Allah ya gani." Na ce Allah ya gani, amma ɗalibai kundi suke karantawa. Kika yi dariya kika ce bakina ne zai kashe ni. Dariyar ba ta daɗe ba. Jikarki da ke karatun aikin jarida ta tashi a aji ta ce kakarta ce ta yi Soron Maƙwabta, malamin ya aika aka ɗauko koren littafi, ya karanta shafin da ƙarfi, aji ya tuntsire. Yarinyar ta dawo gida ta tambaye ki ko da gaske ne ko kuwa labarin tsofaffi ne. Daga ranar kika sa aka lulluɓe talabijin ɗin ɗakinki da zane, ba ki ƙara kunna shi ba. Wannan ne abin da na kasa haɗiyewa, Apa, kuma ban yi niyyar haɗiye shi ba.

Ranar sadakar uku muna zaune a ƙasa kan farin ƙyalle, an zube tulin gasasshen waken chana a tsakiya, kowa na ɗiba yana ja kalmar shahada a kan kowace ƙwaya, ladan ya isa gare ki. Sai Ambrin ta zo ta raɗa mini cewa Tajammul Sahib ya iso, yana roƙon ganin iyali su kaɗai a ƙaramin falo. Na san abin da ya kawo shi. Mutumin ya haura tamanin, likita ya yi masa aiki a zuciya, ya fara jin ƙamshin ƙasa. Yafiya yake so, irin wadda ake karɓa a ɗaki a rufe, a fita da ita a aljihu ba wanda ya sani.

Ɗanki Sohail bai samu jirgi daga Bradford ba, don haka tun safe yana tare da mu ta waya, kiran bidiyo, an jingine ta da tulun shayi a kan tebur yana kallon masu shigowa. Na ɗauki wayar na kai ta ƙaramin falo, na jingine ta da tulun shayin can yadda take, na ce, "Sohail, ɗana, abin da za ka gani yanzu ka naɗa ka adana shi, kada ko tari ya ɓace." Ya ce, "To, Khala."

Tajammul ya shigo da sandarsa da mayafin ulu a kafaɗa, ya zauna, ya ɗaga hannu muka yi fatiha. Sannan hawaye suka zo, don shi hawaye ba su taɓa yi masa wuya ba. Ya dubi Ambrin ya ce, "'Yata, tsakanina da mahaifiyarki akwai 'yan abubuwa. Ku ne magada, ku yafe mini."

Ambrin ta buɗe baki za ta ce ta yafe, don jininki ce, na danne mata gwiwa. Na ce, "Sahib, ba a yafe abu a dunƙule. Yarinyar nan ba ta san me za ta yafe ba. Faɗa mata da sunansa."

Sai na ga idonsa ya tashi ya zagaya ɗakin, kusurwa zuwa kusurwa, sama da ƙasa, irin zagayen nan namu. Ya bi ta kan tulun shayi ya wuce. Ba jahili ba ne, ya san waya na ɗaukar hoto, jikokinsa na ɗaukarsa kullum. Amma ido ɗan shekara sittin a sana'a ja yake nema, kuma bai ga ja ba. Na ga kafaɗunsa sun sauka.

Ya ce, "Soron Maƙwabta nata ne. Daga farkonsa har ƙarshensa nata ne, ita ta rubuta, ita ta tsara. Ni takarda nake riƙe mata. Sunana aro ta ba ni saboda surukinta. Ko ranar tattabarun nan, Kishwar ta sani, bayan allo na ɓuya." Har ya ɗan yi dariya cikin hawayen. Sannan ya gyara zama ya ce, "Amma littafi ya riga ya shiga duniya, 'yata. Taɓa shi yanzu rikita ɗalibai ne kawai. Mu da muka sani, mun sani."

Sai muryar Sohail ta fito daga gefen tulun shayi, yana ce masa baffa da harshenmu: "Mu ma yanzu mun sani, Chacha. Assalamu alaikum."

Ban taɓa ganin fuska ta zube haka ba. Ya dubi wayar, ya dube ni, bakinsa na motsi. Na ce masa, "Irin ta yanzu ce, Sahib, ba ta da jan fitila."

Ya ce, "Kishwar, a gidan makoki? Ba ki ji tsoron Allah ba?"

Na ce, "A gidan makokin ka zo neman kaya kyauta. Sha shayinka, yana hucewa."

Bai sha ba. Direbansa ne ya kama shi ya kai mota.

Kafin mako ya zagayo ni da Ambrin muna gaban mutanen da ke buga kundin, waɗanda dama suna shirin sabon bugu. Suka kalli bidiyon da Sohail ya adana, suka maimaita, suka buɗe gabatarwa suka karanta ƙa'idar. Shaidu biyu, masu rai, waɗanda suka yi aiki a shirin. Babban cikinsu ya cire tabarau ya ce ba shi da abin cewa, ƙa'ida ta cika. Al'adar littafin kuwa ita ce duk gyaran da aka yi sai a rubuta sunayen shaidunsa a ƙasan shafi da ƙananan baƙaƙe. Don haka shafin zai ce Gulnar Khwaja ce ta ƙirƙira, ita ta ba da umarni, a ƙasa kuma a rubuta: bisa shaidar Kishwar Dar da Tajammul Warraich.

Ya aiko mini da mutane. Ya aiko ƙanwar matarsa da kwandon lemo, ya aiko wani tsohon abokin aikinmu da ya zo yana tuna mini zumunci. Daga ƙarshe shi da kansa ya kira, muryarsa ƙasa ƙasa, ya ce ba ya musun komai, abu ɗaya yake roƙo, a jinkirta gyaran sai bayan ransa, ba zai daɗe ba. Na ce masa sai na ji ta bakin kwamiti, watakila bayan azumi. Sannan na ce a'a, wasa nake, ni ba na jira mutum ya mutu. Lemon na raba wa masu gadin layinmu.

Ambrin ta ce mini, "Khala, Ammi ba za ta so a yi haka ba." Na sani. Da kina nan da kin ja kunnena, kin ce tsoho ne, a rufa masa asiri. To ke kin yafe naki, Apa, kuma Allah ya ba ki ladansa ninki ba ninki. Amma akwai na Ustad Barkat, wanda ya mutu da shaida a bakinsa ana jan ƙafa da gangan. Akwai na jikarki da aka yi wa dariya a aji saboda ta faɗi gaskiya. Akwai nawa, da na zauna shekaru ina kallon ana rataya wa mai riƙe takarda furenki. Waɗannan ba naki ba ne balle ki yafe su, kuma ni ban yafe ba. Raina ya yi sanyi ranar nan a ƙaramin falo, ba zan ɓoye ba, sanyin da ban ji irinsa ba tun da kika kwanta ciwo.

Ya Allah ka ji ƙan baiwarka Gulnar, ka yafe mata kurakuranta, ka yalwata mata kabarinta ka haskaka shi. Ka saka mata da alheri a kan kowace yarinya da ta kai har ƙofar gidansu, da kowane baki da ta ciyar a ɗakin shiri. Ka sa Aljannar Firdausi ce makomarta, ka haɗa ta da iyayenta da maigidanta. Ina miƙa ta'aziyyata ga Ambrin da Sohail da 'ya'yansu, da dukkan zuriyar Khwaja, da 'yan tsirarun tsofaffin ma'aikata da suka rage. Allah ya ba ku haƙuri, ya sa ku ɗaga kai idan an ambaci sunanta, mu kuma ya kyautata namu ƙarshen.

Addu'a ɗaya ta rage, kuma da zuciya ɗaya nake yin ta. An ce sabon bugu zai fito cikin bazara. Ya Allah ka ja kwanan Tajammul Warraich, ka riƙe masa zuciyarsa, ka bar masa hasken idonsa garau, har littafin ya iso hannunsa ya buɗe shafin ya karanta da kansa, har ƙananan baƙaƙen da ke ƙasa. Amin.

Kishwar Dar
Lahore